Kwana Arba'in ɗin Goggo Hadijatu

Kwana arba'in Goggo Hadijatu ta zo yi a Jos, ba ƙari ba ragi. Haka ta gaya wa ƙanenta Hammajoda ranar da za ta baro Kafin Jauro, wani ɗan ƙauye can bayan Toro. Idonsa ya tafi shekaru da yawa, ita ce idon nasa, ita ce kuma mai dama masa fura. Don haka ta samo igiya ta yi mata ƙulli arba'in, ta rataye a bakin bukkarsa, ta ce kullum da safe ya kwance ɗaya, ranar da ya kwance na ƙarshe ya kasa kunne, zai ji tarinta a bakin shinge. Ta bar shi a hannun maƙwabta, ta hau motar Gwadabe mai jigilar nono da kaji zuwa Jos.

Wankan jego ne ya kawo ta. Safara'u, matar Bappayo ɗan yayanta marigayi, ta haifi 'ya mace a unguwar Dutse Uku, ga shi ba ta da uwa a raye. Shi kuwa Bappayo ɗan boko ne na gani a faɗa: ya tara suma kamar kwandon kaji, wandonsa mai faɗin ƙafa yana share masa hanya, takalminsa mai tudu ya ƙara masa taku guda. Aikinsa rubuta labarin finafinan yaƙe-yaƙen dā, yana kai wa wani Oga Ejiofor mai ɗan kamfanin ɗaukar fim. Mutumin da ke kashe mayaƙa ɗari a shafi guda ke nan, amma ranar suna da aka kayar da rago, sai da aka neme shi aka same shi a bayan gida yana duba tayar Basfarsa. Finafinansa biyu sun fito kafin zuwan Goggo. Masu kallo sun ce sun yi amfani ƙwarai ga wanda barci ya ƙaurace wa.

Ranar kwana na tara da haihuwa, da sassafe, Goggo tana tsoma ganye a tafasasshen ruwa tana fyaɗa wa Safara'u, ita kuwa tana ihu kamar ana yanka ta. Don ta ɗauke mata hankali sai Goggo ta ce, "Ke, wannan ne zafi? Kakarmu ta ce shekarar da mahara suka kewaye Kafin Jauro wata bakwai, hatsi ya ƙare ƙaf. Kin san abin da mata suka yi? Kullum da hantsi sai su zuba tsakuwa a turmi, su yi ta daka suna luguden taɓarya suna waƙa, ciki ba komai, don na waje su ji su ce har yanzu garin nan da abinci."

Bappayo yana tsugune a bakin magudana yana goge haƙori. Burushin ya tsaya a bakinsa, kumfa tana zuba a kan sabuwar singiletinsa bai ma sani ba. Kafin ruwan wanka ya huce ya fita, kafin azahar ya dawo da rikoda da kaset goma sha biyu da goro farare ƙulli guda.

Goggo ba ta ga laifin abin ba. Ɗa ya tambayi labarin kakanninsa, ai abin farin ciki ne. Kullum bayan la'asar sai ya ajiye mata akwatin nan mai juya ido biyu, ta yi ta zuba: yadda ake ɓoye yara a rumbu, yadda aka dafa fatar ƙirgi aka sha romonta, yadda wata tsohuwa ta watsa wa masu hawan ganuwa tafasasshen kunun kanwa. Ya tafi ɗaki ya yi ta bugun tafireta kamar mai sassaƙa.

Ranar arba'in ta yi wa mai jego kunun ƙarshe, ta wanke zannuwanta biyu, ta ɗaure ƙunshinta, ta zauna a kansa a tsakar gida tana jiran sallama.

A nan ne gizo yake saƙa. Goggo Bafulatana ce ta asali, kuma a tarbiyyar da aka yi mata baƙo ba ya sallamar kansa. Sai maigida ya buɗe baki ya ce, "Mun gode, Allah ya kai ki lafiya," ya ɗauki kayanta ya taka mata. In ta saɓi ƙunshi ta fice haka kawai, ta shelanta wa duniya ke nan cewa ɗan yayanta ya wulaƙanta ta, ta kuma zubar da sunan mamaci a titi. Ba hanya ce ta gagare ta ba, wadda ta bi shanu da ƙafa har Binuwai ba tashar mota za ta ɓace mata ba. Bappayo ya san wannan sarai. Duk abin da boko ya wanke masa na Fulani, wannan guda ɗaya ya bar masa, don yana da amfani.

"Goggo, wane irin gaggawa ke nan?" ya ce yana dariya. "Cibiyar yarinyar nan ma ba ta gama warkewa ba. Ki ƙara mana sati ɗaya."

"Cibiya ta faɗi tun kwana shida, Bappayo. Baffanka yana can yana ƙirga."

"Ai Baffa namiji ne. Sati ɗaya tak."

Sati ya yi, ya ce ruwa ya cinye gadar hanyar Toro. Da gada ta dawo, sai man fetur ya ɓace a gari, abin da kuwa ba ƙarya ba ne gaba ɗaya, sai dai Basfarsa ba ta taɓa kwana da ƙishi ba. Da mai ya samu sai azumi ya kama, wa zai bar tsohuwa ta hau hanya da azumi a baki? Bayan Salla kuma yarinya ta fara haƙori. Safara'u ma ta iya nata karatun. Ta samu mai goyo, mai tankaɗe, mai tsince shinkafa, ta koma ɗinkinta na keke hankali kwance. In Goggo ta yi zancen gida sai ta karyar da kai ta ce, "Goggo, yarinyar nan in ba a bayanki ba ba ta barci. So kike ta rame?"

Fim ɗin ya fito, sunansa Wata Bakwai a Kewaye, kashi na ɗaya. Aka nuna a silima, aka nuna a talabijin. Jos ta ɗauka. Matan unguwar Gangare suka riƙa tsokanar mazajensu in cefane ya yi ƙaranci, su ce yau tsakuwa za mu daka. Goggo ta gani a akwatin talabijin ɗin falo, ta ga an ƙirƙiro wani ƙato wai shi Barde Hamman, mai ƙirji kamar ƙofar zaure, wai shi ya koya wa mata dabarar turmi. Ta ce, "Wannan kuma ɗan wane ne? A labarin kakarmu maza duk suna kwance yunwa ta kayar da su." Bappayo ya ce ai fim ba ya tafiya sai da jarumi, ba za ta gane ba.

Wata safiya, watanta na shida, ya leƙo ya ce, "Goggo, ɗauko mayafinki, yau mota za mu shiga."

Goggo ta ɗauka gida za a kai ta. Ta ɗaure ƙunshi, ta leƙa ta katanga ta yi ban kwana da Firisila, maƙwabciyarsu mai soya dankali a bakin titi, wadda takan miƙo mata 'yan soyayyu a takarda in ta ga ta yi tagumi. Suka yafi juna. Landirobar kamfani ta ɗauki hanyar Bauci, hanyar gida sak. Goggo ta rungume ƙunshinta tana karanta duk addu'ar da ta sani, har ta fara shirya faɗan da za ta yi wa Hammajoda in ta tarar bai yi aski ba. Ba su yi mil goma ba motar ta saki kwalta, ta gangara wani tsohon ramin haƙar kuza, ta tsaya.

Wai nan ne Kafin Jauro. An kafa ganuwa ta buhunan siminti da aka shafa wa jar ƙasa. Mayaƙan 'yan dakon kasuwa ne da aka ɗebo da safe, takubbansu na kwanon rufi, in an sara sai su lanƙwashe a tsaya a miƙe su da ƙafa. Jini kuwa zoɓo ne a bokiti, rabinsa mayaƙan sun shanye kafin a fara yaƙi. Goggo tana tsaye ta ga wani da aka kashe tun ɗazu ya ɗaga kai daga cikin gawawwaki ya duba agogon hannunsa, ya tambayi gawar kusa da shi ko tana da ashana. Duk da abin da ke cin ranta sai da dariya ta kuɓuce mata.

An kawo ta ne ta nuna wa 'yan matan fim yadda ake ɗaura zane irin na dā. Tana cikin yi sai ga Oga Ejiofor, gajere mai fara'a, da hular kwano a kai ba a san dalili ba.

"Mama, sannu! Kai ne mama na Oga Bappayo? Yaro naka yana da kai, wallahi. Duka wannan labari daga kai nasa ya fito. Ni ina tambaya shi, ina kana samu? Ya ce yana barci ne yana zuwa masa."

Goggo ta dubi Bappayo. Shi kuwa ya sami wani abu mai muhimmanci a kan takalminsa yana dubawa.

"Haka ne," ta ce. "Tun yana yaro akwai shi da barci."

Da yamma motar ta mayar da ita Dutse Uku, ƙunshi a cinya. Firisila ta ɗago daga kaskonta ta ce, "A'a, Mama, har kin je kin dawo?" Goggo ta wuce ta gabanta. Ta shige ciki, ranar ko ruwa ba ta sha ba, kuma ranar ce ta fara jin tsoron ɗan yayanta, tsoro irin wanda ake ji wa mutumin da ba ya jin kunya.

Arziki ya ci gaba da shigowa, wurin kwanan Goggo ya ci gaba da matsewa. Da farko ɗakin baƙi take. Da marubuci ya ga ya kamata a ce yana da ofis, aka mayar da ita falo. Da aka sayo kujerun kushin aka ga tabarmar da take kwana a kai ba ta dace da su ba, aka mayar da ita sito, wurin da kamfani ke ajiyar kayan yaƙi. Nan take kwana tsakanin garkuwoyin kwali da kwari da baka, rufin yana ɗiga, sanyin Jos na damina yana shiga ƙashinta. Gwiwoyinta suka kumbura. Nonon da ta saba sha ya zama na gwangwani, shi ma sai ranar da za a kunna rikoda. Ta lura da wannan: ranar labari akwai madara da goro da "Goggona ta kaina," ranar da babu labari ko sannu sai ta roƙa.

Sai ta zauna ta yi lissafi irin na tsofaffi. Bakinta ne ya ɗaure ta, to bakinta zai kwance ta. In labari ya lalace, fim ya lalace, a sallame ta.

"Yau Barde Hamman zai mutu," ta ce da aka ajiye mata rikoda.

"Mutu kuma, Goggo? Ai shi ne fim ɗin!"

"Kai ka haife shi, ni zan binne shi. Ranar babban gumurzu ya saci gumbar mata ya haɗa da ɗanyen nono ya shanye. Ana buga tambari cikinsa ya murɗa. Ya zaga bayan ganuwa ya tsuguna, takobi a gefe, wando a gwiwa. Jakin mai unguwa yana ɗaure a wurin, ya ga abin da bai taɓa gani ba, ya tsorata, ya sakar masa ƙafa biyu a ƙeya. Ko shurawa bai yi ba."

Ta koma ta jingina tana jiran ya kashe akwatinsa ya ce ta tsufa ta fara ruɗewa. Sai kawai ya faɗi ƙasa yana dariya har da hawaye. Kashi na uku da ya fito, sai da aka kira 'yan sanda su raba layi a ƙofar silima. Yara suka mayar da mutuwar Barde waƙar gaɗa. Wani malamin jami'a ya rubuta a jarida cewa marubucin ya tona asirin jarumtar ƙarya da zurfin tunani irin wanda ba a saba gani ba. Bappayo ya sayar da Basfa ya sayi Fijo fara. An gudu ba a tsira ba.

"To, ga mota Allah ya kawo," Goggo ta ce ranar da aka zo da ita.

"Goggo, sabuwar mota ba ta shiga hanyar ƙauye sai inji ya saba. Ki bari ta yi mil dubu."

Ta yi mil dubu tsakanin Dutse Uku da gidajen abokai, inji bai saba ba.

A wata na goma sha uku ta ji muryar Gwadabe direba a ƙofar gida. Kafin ta lallaɓa gwiwoyinta ta miƙe, Bappayo ya riga ya fita ya ja shi gefe. Da ta iso zaure sai ƙurar motar kawai ta gani.

"Ya ce kowa lafiya," in ji Bappayo. "Baffa yana gaishe ki. Ya ce kada ki yi gaggawa, ki zauna ki huta."

Goggo ta koma sito tana juya maganar. Hammajoda tun da aka haife shi bai taɓa ce wa kowa kada ya yi gaggawa ba. Mutumin da in fura ta yi jinkiri yake buga sanda a ƙasa har kaji su watse? Amma ta ce wa ranta wataƙila tsufa ya sanyaya shi. Bayan kamar sati biyu Gwadabe ya sake zuwa. Wannan karon Safara'u ta ƙure rediyo, Bappayo ya tsallaka da shi can ɗaya gefen titi. Da rana aka kawo wa Goggo tuwo da tsoka har uku, ba ranar rikoda ba kuwa. Ta ci ɗaya, ta rasa abin da ya sa sauran suka ƙi wucewa.

Daga ranar ta kulle bakinta. In an ajiye rikoda sai ta ce rijiya ta ƙafe. Ga shi saura kashi na ƙarshe, Jos gaba ɗaya tana jiran ta ji yadda aka tashi daga kewayen nan. Oga Ejiofor ya yi ta aike. Bappayo ya gwada rubutawa da kansa, ya cika kwandon shara da takarda, abin da ya fito duk irin na da ne mai sa barci. Ya rame, sumar ta kwanta gefe guda. Goggo tana kallonsa ta ƙofar sito tana taunar goro, kuma gaskiya ba ta ji tausayinsa ko na anini ba. Kwana uku ta yi tana gyara tarkonta.

Ranar Laraba bayan la'asar ya zo ya durƙusa a tsakar gida, rikoda a gaba, madara a hannu. Safara'u tana gefe tana tuƙa tuwo.

"Goggo, ki rufa mini asiri. Ƙarshen kawai. Yaya aka yi garin ya fita?"

"Ai da ka tambaye ni tun farko da na gaya maka," ta ce a sanyaye. "Ƙarshen ba ya hannuna. Kakarmu raba mana ta yi. Ni ta ba ni na cikin gari, na mata da turmi. Yadda aka tashi daga yaƙin kuwa, da wanda ya ci da wanda aka ci, Hammajoda ta bai wa. Duk duniya shi kaɗai ya sani. Tashi ka ɗauko makullin motarka, kafin magariba muna can, ka kunna masa akwatinka ya cika maka shi."

Ƙarya take yi, ta san ƙarshen kamar yadda ta san sunanta. Amma ta san ɗan yayanta. Mutumin da ya taɓa tuƙi har Bukur cikin ruwan sama don batirin rikoda, in aka ce masa ƙarshen fim yana bayan Toro, ko takalmi ba zai tsaya sawa ba. Har ta kai hannu za ta jawo mayafinta.

Bappayo bai motsa ba.

Bai ce inji bai saba ba. Bai ce babu mai ba. Mutumin da bai taɓa rasa uzuri ba wata goma sha huɗu ya buɗe baki ya rufe, ya kafa wa rikoda ido, ita kuwa tana ta juyawa tana ɗaukar shiru. Muciya ta tsaya a hannun Safara'u. Goggo ta dubi wannan, ta dubi wancan, hannunta yana kan mayafi. Sai ta ji sanyi ya taso mata daga tafin ƙafa, wanda ba na Jos ba.

"Yaushe?" ta ce.

"Goggo, ki tsaya in yi miki bayani…"

"Yaushe, na ce."

Safara'u ce ta fashe da kuka. "Yau kwana ashirin da uku, Goggo. Wallahi cewa ya yi in na faɗa a bakin aurena."

"Zuwan Gwadabe na farko fa?"

"Cewa ya yi Baffa yana kwance, ba ya cin komai, sunanki kawai yake kira."

Goggo ta yi salati, ta maimaita, ta yi wa ƙanenta addu'a a hankali. Ba ta yi kuka a gabansu ba, ba ta ba su wannan ba. Shi kuwa da ya ga ba ta faɗi ba, sai bakinsa ya dawo.

"Goggo, ki duba, ko kin je ba ke za ki hana ba, kwana ne ya ƙare. Ni lafiyarki na duba, kada a gaya miki farat ɗaya jininki ya hau. Niyyata a gama kashin nan in kai ki da kaina, a mota, da mutunci, kowa ya gani. Kuma ban yi zaune ba, na aika da alawayyo yadi goma da buhun shinkafa na sadaka, ki tambayi Gwadabe. Wa ya yi wa Baffa irin wannan a duk dangi?"

Ta tashi, gwiwoyin ba su ma yi mata gardama ba. Ta shiga sito ta ture garkuwoyin kwali, ta ɗaure zannuwanta biyu. Kunyar da ta riƙe wata goma sha huɗu, ta kare sunan yayanta mamaci har ta rasa ƙanenta rayayye, a nan ta ajiye ta tare da tabarmar da ba tata ba. Ta fito ta ratsa tsakar gida ba ta nemi sallamar kowa ba.

A zaure ya cim mata. Wanda bai san Bappayo ba zai ce gafara ya biyo nema. Rikoda ce a hammatarsa.

"Goggo… to ke ba ki tuna komai ba? Ko kaɗan? Oga Ejiofor ya riga ya tara mutane ranar Asabar."

Ta tsaya ta dube shi tun daga suma har takalmi. Wani abu mai kama da murmushi ya zo mata.

"Kunna," ta ce. Ya kunna nan take.

"Ba ƙarfi ne ya ci garin ba. A wata na bakwai 'yan'uwa suka taso daga wani gari da hatsi da mayaƙa, suka ɓuya a bayan dutse, suka aiko a buɗe musu ƙofar gabas. Mai gadin ƙofar ɗan gari ne, a da ba kowan kowa ba. Amma tun da aka fara kewayen nan ya zama mutum: kowa ya sami loma sai ya kai masa, kowa ya gan shi sai ya rusuna. Ɗan aike ya ba shi saƙo, ya karɓa, ya auna, ya ga in yaƙi ya ƙare wa zai ƙara kallonsa? Sai ya haɗiye. Aka sake aikowa, ya sake haɗiyewa. In an tambaye shi ya ce waje lafiya lau, a ƙara haƙuri. 'Yan'uwa suka gaji da jira suka koma. Da ɗan gari akan ci gari."

"Kai!" in ji Bappayo, idonsa yana walƙiya. "Kai, Goggo! Wannan shi ne ƙarshe!" Ya juya da gudu ya nufi tafireta.

Firisila ce, wadda ba dangin iya ba na baba, ta sauke kaskonta daga wuta, ta karɓi ƙunshin ta ɗora a kai, ta taka wa Goggo har tasha.

Kashi na ƙarshe ya fito bayan wata huɗu. Sunan marubuci ya cika bango da manyan haruffa, shi kaɗai, kamar kullum. Gidan Dutse Uku ya sami sabon fenti, an ɗauko wata 'yar'uwar Safara'u daga Gada Biyu ta zo taya raino na sati biyu, har yanzu tana nan. Babu wanda ya kai ƙara, don babu kotun da ake kai irin wannan. Ba a daki tsohuwa ba, ba a zage ta ba, ba a kulle mata ƙofa ba. Ladabinta kawai aka ɗaure ta da shi, kuma masu irin wannan ɗauri suna nan da yawa, ana gaishe su da girma a masallaci.

Gwadabe ne ya kawo mata labari, ranar da ya zo ɗaukar nono. Ya same ta a ƙofar bukkar Hammajoda tana gyaran ƙwarya.

"Goggo, ba ki ga silima ba! Da mai gadin nan ya haɗiye saƙo na biyu, mutane suka tashi tsaye suna tsine masa. Ɓawon rake, ɓawon lemo, har takalmi an jefi bango da shi. Wata mata kuka take tana cewa Allah ya isa."

"Shi Bappayon fa?"

"Yana layin gaba da babbar riga, yana ta ɗaga hannu. Ya gaya wa 'yan jarida wai wannan mai gadin ba wanda ya ba shi labarinsa, shi ya san shi ciki da waje."

"To," in ji Goggo, "a nan kam bai yi ƙarya ba."

Gwadabe ya yi dariya, ita ma ta ɗan taya shi. Sai ta ajiye ƙwaryar.

"Bar zancen fim. Ranar da Hammajoda ya aike ka, me ya ce? Faɗa mini yadda ya faɗa, kada ka gyara."

Gwadabe ya cire hularsa ya juya ta a hannu.

"Cewa ya yi, 'Ka gaya wa Adda Hadijatu na san ba su sallame ta ba. Ka ce ta bar kunyar nan ta taho haka nan, ni ba zan gaya wa kowa ba.'"

Goggo ta gyaɗa kai. Ta ɗauki ƙwaryar ta ci gaba da gogewa, ta daɗe tana goge wuri ɗaya.